Ƙofa Ɗaya Cikin Shida

"...da gajiya? Ko da yake wace gajiya ce ga mutumin da aka aika sayen fenti tun hantsi, sai bayan la'asar ya shigo yana jan ƙafa kamar ya yi dakon siminti."

"Ina wuni kawai na ce, Tsohuwa. Ban ce ki buɗe mini rediyo ba."

"Lafiya lau, Maigida. Kawo in ga abin da ka sayo da arzikin naka."

Ya miƙa mata ledar. Tana zaune kan kujerar roba a lungun da ke tsakanin ɗakuna, daidai ƙofarta. Tun safe ta shimfiɗa tsofaffin jaridu a ƙasa don kada fenti ya ɗiga, ta naɗe mariƙin ƙofar da leda, ta kuma ɗaura ɗankwalin da ba ta fito da shi sai za a yi baƙi. Kakarsa ce ta wajen uba. Tun yana cikin zanen goyo take kiransa Maigida, tana ce masa miji marar cefane, shi kuma da ya yi baki ya rama da Tsohuwa, in yana son ya tsokane ta sosai ya ce Amarya. Yanzu ya haura talatin, direban motar kaya ne a wani kamfani, amma har yau ba su taɓa gaisawa sun rabu ba a taɓa juna ba.

Maganar fentin kuwa ta samo asali ne daga marigayi mahaifinsa. Shi ya karɓi rancen banki ya sayi gidan, a kan zai biya cikin shekara talatin. Mutum ne mai lissafi da yatsu, irin mutanen nan masu kyakkyawar zuciya da suka ɗauka kowa ma da yatsu yake lissafi. Ranar da suka tare ya zagaya ya ƙirga ƙofofin cikin gidan, ya samu shida, ya raba talatin gida shida, ya ce to shi ke nan, duk shekara biyar ƙofa ɗaya ta zama tasu. Duk wadda ta fita daga hannun banki za a yi mata koren fenti, kowa ya gani da idonsa. Ya fara da kicin, wai ciki ne sarki. Sai falo, sai ɗakin tsohuwar da ta haife shi, nasa ɗakin kuma ya sa shi a ƙarshe, yana dariya yana cewa shi ba ya jin kunyar kwana a ɗakin banki. Da rana yana aiki a masaƙa, da yamma yana jan tasi. Ƙofar kicin kaɗai ya samu ya shafa da hannunsa, kafin a kai ga ta falo zuciyarsa ta tsaya. Ɗan ne ya ɗauki biyan, shi ya shafa ta falo, matar marigayin kuma daga baya ta yi aure a wani gari, gidan ya rage daga shi sai kakarsa. Yau shekara goma sha biyar ta cika, layi ya zo kan ƙofar tsohuwa.

Abin da ba ta sani ba, kafin ya je shagon fenti banki ya fara biyawa. An rage musu kuɗin ƙarin aiki a kamfani, albashin ya daina kai shi ƙarshen wata, shi ne ya je roƙon a sassauta masa abin da yake biya. Ya shiga da ƙarfin gwiwar mai rabin gida. Abin da ya jiyo a can ya zaunar da shi kan dakalin bakin titi har rana ta karkata. A nan ya yanke shawara zai sayi fentin, ya shafa, ya ja bakinsa ya yi shiru. Matar da ta binne ɗanta ba za ta ji daga bakinsa cewa ɗakinta ma ba nata ba ne.

Ta zaro gwangwanin daga leda, ta ɗaga shi sama tana jujjuyawa.

"Wannan fenti ne ko man shafawa? Ubanka da bokiti ya sayo."

"Ai ƙofarki ƙarama ce, kamar mai ita. Mai shagon ma cewa ya yi in ya rage in shafa miki a fuska, ko Allah zai sa ki yi sabuwa a samu mai taya ki."

"Ni za a taya? Zamanin da nake tashe, layin masu sona sai da aka kira 'yan sanda suka raba. Ƙaddara ce ta haɗa ni da kai, ga rowa, ga dogon wuya kamar mariƙin lema."

"Layin masu bin ki bashi dai. Ni ma taimako na yi, a wurin masu gwangwan na tsince ki, sun ɗora ki kan sikeli suna gardamar farashi."

Ta yi dariya har da buga cinya, ta ce ai gwano ba ya jin warin jikinsa, yaron da ya yi mata fitsari a baya har sai da zanenta uku suka mutu shi ne yau yake maganar gwangwan. Ya ce shi bai san da wannan ba, a kawo shaida. Ta ce shaidun duk sun rasu saboda warin. Haka suka yi ta yi yana buɗe gwangwanin da bakin cokali, yana motsa fentin da tsinke, yana jin daɗin cewa surutun ya rufe masa fuska.

Sai dai akwai kalmar da marigayin ya faɗa lokacin da zai ɗora buroshi a ƙofar kicin, wadda ta zama dole a gidan. Mai shafawa zai dafa ƙofar ya ce, wannan ta fita daga hannunsu. Da aka zo ta falo shi ɗan da kansa ya faɗe ta da ƙarfi, yana hawaye. Yau ya tsoma buroshi, ya dafa ƙofar, ya buɗe baki, sai ya fasa. Ƙarya ce, kuma a kunnen wannan matar. Fenti ya fara ɗiga kan jarida.

"Ka manta karatun ne, ko sai an biya maka?"

"Ina tunanin ta sama zan fara ko ta ƙasa."

"Ta bakinka za ka fara." Ta ƙare masa kallo daga sama har ƙasa. "Maigida, tun yaushe ake sa rigar guga da takalmin ɗaurin aure a je sayen fenti?"

"Mai shagon yana da 'ya kyakkyawa. Canjinki nake nema."

"Da ka je zance da ka dawo kana washe baki. Wannan fuskar ta ubanka ce, ranar biyan wata. Wanda ya riga ka barci dole ya riga ka tashi. Ajiye buroshin nan ka gaya mini."

Ya jingina buroshin a bakin gwangwani, ya zauna a ƙasa kan jaridun da rigar tasa ta guga, ya faɗa mata komai. Ma'aikaciyar da ya samu mace ce mai haƙuri, ba ta wulaƙanta shi ba, ta juyo masa da fuskar kwamfuta ta yi masa bayani har sau biyu. Abin da ake biya duk wata kashi biyu ne, akwai kuɗin ruwa, akwai uwar kuɗin da aka ranta. A shekarun farko kusan duk abin da mutum ya kai kuɗin ruwa ne ke cinyewa, ɗan abin da ya rage shi ake zabgewa daga uwar kuɗi, sai can wajen ƙarshe ne bashin yake fara zubewa da gaske. Ba a ɓoye musu ba, yana cikin takardar da marigayin ya sa wa hannu, sai dai ba wanda ya zaunar da shi ya fassara masa. Abin da suka zuba daga farko zuwa yau ya fi kuɗin gidan gaba ɗaya, amma bashin da ke kansu kaɗan ya motsa. In aka kai ƙarshe, sun biya kuɗin gida uku ke nan a kan gida ɗaya.

Tsohuwa ta saurara ba ta katse shi ba, abin da bai taɓa gani ba.

"Bar ni da kwamfuta. Da ƙofa za ka gaya mini. Nawa ne namu?"

"Ɗaya. Ita ma da ƙyar."

"Ta kicin."

"Ita."

"Ta falon da ka shafa kana kuka fa?"

"Ƙofar mutane na yi wa ado."

Ta juya kai ta kalli ƙarshen lungun, inda ƙofar kicin take, korenta ya koɗe, wajen mariƙin ya yi baƙi saboda hannu. Ta daɗe tana kallonta. Shi kuma ya sunkuyar da kai, don ya san ba ƙofa take gani ba, ɗanta take gani tsaye da buroshi, da singileti, yana murna kamar yaro. Tausayinta ya kama shi har ya ji da ma ya yi ƙaryar ya huta.

Can ta ce, a hankali, ashe akuyar mutane suka yi ta kiwo, mai ita yana zuwa yana kwashe 'ya'yan. Ta ce bawan Allah ya tafi yana lissafin ya kusa mallakar ƙofa biyu, gara da bai ji ba. Ta goge ido da bakin ɗankwali, ta ce warin fentin nan mai arha ne yake sa mata hawaye, ba wani abu ba.

Ya yi sauri ya ce ai an samu mafita. Sun yarda za su rage masa biyan wata, sai dai za a ƙara masa shekara goma a kan goma sha biyar ɗin da suka rage. Gobe zai koma ya sa hannu. Ba inda za ta je, ɗakinta nata ne har abada.

"In an ƙara goman, gida nawa za a biya ke nan?"

"Ya kusa huɗu."

"Kai kuma shekarunka nawa ranar da za a gama?"

"Ina neman sittin."

"Sittin. Wato ni mai miji tsoho zan zama. To ita mai tabarau fa?"

Mai tabarau malamar makaranta ce da yake nema shekara da shekaru. Mahaifinta ya aiko ana tambaya ba sau ɗaya ba, kullum amsar ita ce a ƙara haƙuri, ana kan maganar gida. Ya ce wa kakar in tana da rabo za ta jira, in ba ta jira ba Allah ya haɗa kowa da rabonsa. Ya faɗe shi a sake, kamar ba komai, amma muryar ta tona shi.

Tsohuwa ta gyara zama. Ya san wannan gyaran zaman, shi take yi in za ta fara yaƙi.

"Bari in gaya maka abin da na daɗe ina ɓoyewa. Ni ban taɓa son gidan nan ba."

"Tsohuwa, ji tsoron Allah."

"Ɗakin nan da kake gani, in ana ruwa a wata unguwar ma sai ya yi yoyo. Tagar ba ta kawo komai sai hayaƙin janaretan maƙwabta. Ɓerayen ciki har gaishe ni suke yi da safe, sun fi ka ladabi."

"Jiya-jiya kika ce ko gidan gwamna aka ba ki ba za ki musanya ba."

"Jiya ban san gidan banki nake yabo ba. Banɗakin kuma, in na shiga sai na yi sallama da duniya, santsi kamar bayan kifi. So kake in karye ka ci gado?"

"Wane gadon? Carbi da kwalbar man zafi?"

"Su ma sun fi naka, don ba mai bina bashinsu. Guntun gatarinka ya fi sari ka ba ni."

Ya ce itacen lemon da ke tsakar gida fa, wa ya dasa shi, wa yake ba shi ruwa kullum yana yi masa hira kamar mutum. Ta ce lemon da ya fi bakinsa tsami, ko tsuntsu ba ya taɓawa. Ya ce maƙwabtan da ta saba da su fa. Ta ce magulmata ne, ta gaji da su. Duk abin da ya ɗauko sai ta kushe shi, ita da ko ƙusa ba ta bari a buga a bangon nan sai an yi shawara da ita. Yana kare gidan, tana zaginsa, kowannensu ya san ɗayan ƙarya yake yi. Ya gane inda ta nufa, kuma abin ya fi ƙona masa rai fiye da duk abin da ya ji a banki.

"Kaka," ya ce. Rabon da ya kira ta haka tun ranar jana'iza. "Baba ya mutu a kan gidan nan. In na sayar, me zan ce masa?"

"Ni ce zan riga ka ganinsa, bar mini wannan, ni zan yi masa bayani." Ta ɗora hannu a kansa, kamar yadda take yi yana ƙarami. "Na ga yadda ya riƙa shigowa ya zauna a falon can, takalmi a ƙafa, barci ya kwashe shi abinci na hannunsa. Na ga gashinsa ya yi fari kafin nawa ya gama. Ina kallo, ban ce ya tsaya ba, don ni ma ina son koren fenti. Yanzu kai ma ka fara barci da takalmi. Na ba su ɗa, ba zan ƙara musu da jika ba."

Ta tambaye shi in an sayar an biya banki me zai rage. Ya ce ya tambaya, tun da gidaje sun ɗan yi daraja, abin da zai rage zai kama musu hayar ɗaki biyu da falo na wasu shekaru, ya yi hidimar aure, wataƙila har a ajiye wani abu a fara neman ɗan fili. Ta ce ashe ma ya tambaya, munafuki, shi ne ya zo yana mata wasan buroshi. Ya ce tambaya kawai ya yi. Ta ce to ita ma amsa kawai ta ba shi, gobe ya koma da rigar tasa ta guga, amma wurin dillalin gidaje zai fara biyawa.

"Gidan haya ba tsakar gida, Tsohuwa. Wataƙila ma a bene."

"Sai ka riƙa goya ni, ka rama wanda na yi maka. Kuma in na yi fitsari kada in ji ƙorafi."

Dariya ta ƙwace masa, da hawaye a haɗe. Ya ce shi dai ya shiga uku da wannan aure. Ta ce ai auren ma yau ya ƙare, ita ba za ta zauna da mijin da ƙofa ɗaya ya mallaka a duniya ba, ta kicin ma, ya je can mai tabarau ta ji da shi.

"Ni kuwa ba zan sake ki ba."

"To ni zan fanshi kaina. Ga sadakinka."

Ta kwance bakin zanenta, inda kullum akwai ɗan ƙulli da ya ɗauka na canjin cefane ne. Ƙullin ya daɗe bai kwantu ba, bai kuma yi gigin taimaka mata ba. Makulli ne ɗan ƙarami, ya yi sumul saboda shafa. Na ɗakin mahaifinsa ne. Tun da aka fitar da gawar ta kulle ɗakin, ko shi ba ta taɓa bari ya leƙa ba. Ta kama hannunsa, ta sa makullin a ciki, ta naɗe masa yatsu a kai.

"Masu saye za su so ganin ko'ina. Ba a sayar da gida da ɗaki a kulle."

Ya dubi hannunsa, ya dube ta.

"Kin ci, Amarya. Yau kam kin ci."

"Dama yaushe ka taɓa ci?" Ta miƙo masa hannu. "Ɗaga ni. A buɗe tagogin ɗakin ya sha iska kafin baƙi su fara zuwa."

Ya ɗaga ta, ya ji ba ta da nauyi ko kaɗan. Suka taka a hankali zuwa ƙofar ƙarshe, tana dafe da kafaɗarsa. Ya sa makulli, ya murɗa, ƙofar ta yi ƙara ta buɗe. Zai sa ƙafa ta riƙe masa riga.

"Tsaya nan tukuna, Maigida. Bari in fara shiga ni kaɗai, ina da magana da shi."